Makahon Magaga da Kurman Tanta

A shekarar 1926 aka buga wani ɗan littafi a Alƙahira mai suna Fish Shi'iril Jahili, a kan waƙoƙin Larabawan Jahiliyya. Bai kai shafi 200 ba, amma kafin shekara ta zagayo ɗaliban Azhar sun fita zanga-zanga a kansa, an tafka muhawara a majalisar dokoki, an janye shi daga kasuwa, an kuma kira marubucinsa gaban mai gabatar da ƙara. Marubucin, Ɗaha Husaini, bai taɓa ganin harafi ɗaya daga cikin abin da ya wallafa ba, domin makaho ne tun yana ƙarami. Wanda kuma ya fi kowa zare masa takobi, Mustafa Sadiƙ Rafi'i, kurma ne, sai an rubuta masa magana a takarda yake sanin abin da aka ce. Rikicin adabi mafi zafi da Masar ta gani a ƙarni na ashirin, waɗannan biyun ne a gabansa, kuma duk wanda ya shiga cikinsa hujjarsu ya bi ko ya yaƙa, babu wanda ya ɗaga wa ɗayansu ƙafa don tausayi.

An haifi Ɗaha a watan Nuwamba na 1889 a wani ƙauye kusa da garin Magaga, a lardin Minya da ke kudancin Masar. Shi ne na bakwai cikin 'ya'ya 13 na mahaifinsa, wanda ƙaramin ma'aikaci ne a kamfanin sukari. Da idonsa aka haife shi. Ciwon ido ne ya kama shi yana ɗan shekara biyu zuwa uku, aka yi sakaci kwana da kwanaki, da abin ya ci tura aka kira wanzamin gari, shi kuwa ya yi masa maganin da ya tafi da ganin gaba ɗaya. Irin wannan sakacin ne ya ci ƙanwarsa tana 'yar shekara huɗu, ta yi ta zazzaɓi ba a kira likita ba har ta cika. A 1902 kuma annobar kwalara ta ɗauke yayansa da ya fi kowa hazaƙa a gidan, wanda aka riga aka ɗauka a makarantar koyon aikin likita. Ɗaha bai taɓa yafe wa jahilci da talauci waɗannan abubuwa uku ba, kuma wanda bai san da su ba ba zai gane dalilin da ya sa ya ƙare rayuwarsa yana faɗa a kan makaranta ba.

Yaro ne mai zuciya. Ya ba da labarin wani dare da ya ce bari ya gwada ɗaukar loma da hannu biyu, 'yan'uwansa suka tuntsire da dariya, uwarsa ta fashe da kuka, ubansa ya gyara masa cikin murya mai sanyi. Daga ranar ya haramta wa kansa duk abincin da sai da cokali ake ci, ya kuma shekara da shekaru ya fi son cin abinci shi kaɗai. Ya haddace Alƙur'ani yana da shekara tara, aka fara ce masa shehi, sannan ya shagala da wasa haddar ta zube, har mahaifinsa ya gwada shi wata rana ya kasa kawo komai. Sai da ya sake komawa ya ɗauko ta daga farko.

Al'umma ta riga ta tanadar wa yaro irinsa gurbi. Makaho ɗan talaka mai hadda a ƙauyen Masar, makomarsa karatun Alƙur'ani a gidan makoki da bakin kaburbura, a ba shi abin da ya samu. In ya yi sa'a sosai ya zama malami a gindin wani ginshiƙi. Da wannan fatan aka haɗa shi da wansa zuwa Azhar a 1902, yana da shekara 13. A jarrabawar shiga, malamin da zai gwada haddarsa bai kira shi da sunansa ba, da makantarsa ya kira shi, abin da ya tsaya masa a rai har tsufa. Karatun ma bai gamsar da shi ba: matani, sai sharhin matani, sai hashiya a kan sharhi, in ka yi tambaya a ce ka yi rashin kunya. Darasi ɗaya ne ya kama zuciyarsa, na Shaihu Sayyid Marsafi mai koyar da tsohon adabi, Hamasar Abu Tammam da Kamil na Mubarrad. A nan ya yi abota da Ahmad Hasan Zayyat, wanda sunansa zai sake fitowa a labarin nan.

Da aka buɗe Jami'ar Masar a 1908 yana cikin waɗanda suka fara yin rajista. Ya zauna gaban malaman Turai irin su Carlo Nallino ɗan Italiya da Enno Littmann Bajamushe, ya ji a karon farko ana tambayar nassi daga ina ya fito, wa ya ruwaito shi, a wane zamani. Yana rubutu a jaridar Jarida ta Ahmad Luɗfi Sayyid, yana caccakar shehunan Azhar ba sassauci. Su ma ba su manta ba: a 1912 ya zauna jarrabawar Alimiyya aka kayar da shi, kuma shi dai ya tafi a kan cewa da gangan aka yi. Bayan shekara biyu, a 1914, ya karɓi digirin digirgir na farko da sabuwar jami'ar ta taɓa bayarwa. Kundin nasa a kan Abul Ala'il Ma'arri ne, makahon mawaƙin Sham da agana ta makantar yana ɗan shekara huɗu, wanda ya kulle kansa a gida kusan shekara hamsin har ya rasu a 1057. Ɗaha ya ƙaunaci mutumin nan kamar ɗan'uwa, amma bai bi shi cikin ɗaki ya rufe ƙofa ba. A ƙarshen shekarar ya hau jirgin ruwa zuwa Faransa.

A daidai lokacin, a garin Tanta da ke tsakiyar yankin Delta, akwai wani akawun kotu da ya girme shi da shekara tara. An haifi Rafi'i a farkon 1880 a ƙauyen Bahtim. Danginsa daga Ɗarabulus ta Sham suka zo, gida ne na malamai da alƙalai, mahaifinsa ma alƙalin kotun shari'a ne. Ya shiga makarantar gwamnati a makare, ya sami takardar firamare a Mansura yana da shekara 17, sai zazzaɓin taifot ya kwantar da shi watanni. Ya tashi da dasasshiyar murya da nauyin kunne. Jin ya yi ta raguwa, kunne ɗaya ya fara tafiya, ɗayan ya bi, kafin ya cika shekara 30 ya zama kurma sarai. Takardar firamaren nan ita ce iyakar shaidar karatunsa har ya bar duniya.

Ga wanda aka rufe wa ƙofar aji da ta hira, ɗakin karatun mahaifinsa ya zama makarantarsa. A 1899 aka ɗauke shi akawu a kotun Ɗalkha, yana zuwa a jirgin ƙasa kullum daga Tanta, kuma Muhammad Sa'id Aryan, almajirinsa da ya rubuta tarihinsa, ya ce a cikin wannan jirgin ya haddace Nahjul Balaga. Daga baya aka dawo da shi kotun Tanta, a nan ya zauna har ƙarshen ransa, yana lissafin kuɗin shigar da ƙara da safe, yana karatu da rubutu da dare. Ya fara da waƙa, ya fitar da diwani tun yana ɗan ashirin da 'yan kai. Sannan ya rubuta maƙala yana sukar yadda sabuwar jami'a ke koyar da adabi, jami'ar ta sa gasar rubuta littafi a kan tarihin adabin Larabci, shi kuma ya zauna ya rubuta nasa, ya buga da kuɗinsa a 1911 da sunan Tarikhu Adabil Arab. Juzu'i na biyu shi ne aka ware daga baya aka kira I'ijazul Ƙur'an, littafin da Sa'ad Zaglul ya yaba, Sarki Fu'ad ya biya kuɗin sake buga shi. Taken ƙasar da Masar ta yi amfani da shi daga 1923 zuwa 1936 shi ya tsara baitocinsa, mutumin da ba zai ji ana rera su ba. Mafi yawan baitocin taken Tunisiya na yau ma nasa ne.

A kan wancan littafin na 1911 suka fara haɗuwa. Ɗaha yana ɗalibi ya rubuta cewa ya karanta bai fahimci komai ba. Da Rafi'i ya fitar da Rasa'ilul Ahzan a 1924 sai Ɗaha ya sake maimaita masa irin wannan magana a jaridar Siyasa, shi kuwa Rafi'i ba mai barin bashi ya kwana ba ne. Kar ta san kar.

Kafin wannan karo na biyu Ɗaha ya riga ya zama wani mutum daban. Ya sauka a Montpellier ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Ɗaya, jami'arsa ta kira shi gida saboda rashin kuɗi, ya sake komawa a ƙarshen 1915, wannan karon zuwa Sorbonne a Paris. Dole ya koyi Latin daga tushe don ya yi jarrabawa tare da yaran da suka taso da shi. Ya gwada rubutun makafi na Braille, amma kunne ya fi masa sauri, don haka rayuwarsa ta dogara ga mai karanta masa. Wadda ta fi kowa yin wannan aikin wata ɗaliba ce Bafaranshiya, Suzanne Bresseau. Sun yi aure a watan Agusta na 1917, bayan danginta sun yi ta jan ƙafa, har sai da wani kawunta limamin coci ya zauna da saurayin ya ce a ba shi. Ta zauna a addininta, ya zauna a nasa, suka yi shekara 56 tare. Ya rubuta kundinsa a kan Ibn Khaldun ƙarƙashin Émile Durkheim, wanda ya mutu kafin a kare kundin a farkon 1918. A 1919 ya dawo Alƙahira yana koyar da tarihin Girka da Rum, a 1925 aka ba shi kujerar adabin Larabci.

Duk wanda ya karanta mutanen nan biyu a jere zai ji yadda abin da kowannensu ya rasa ya shiga cikin alƙalaminsa. Ɗaha bai riƙe alƙalami ba, shifta yake yi wa magatakarda. Jimlarsa ta mai magana ce: ya faɗi abu, ya juya shi, ya sake faɗinsa da wata kalma, ya dawo kansa ta wata hanya, kamar malamin zaure da ke maimaita fassara har na bayan ƙofa ya ji. Masu sukarsa sun ce yana tauna magana, kuma wani lokaci suna da gaskiya. Amma a karanta shi da ƙarfi a ji yadda yake zuba, kuma yaron sakandare zai bi shi ba tare da ƙamus ba. Rafi'i kuwa Larabcin kasuwa da na gidan shayi ya daina shiga kunnensa tun yana saurayi. Abokan hirarsa su Jahiz ne da marubutan zamanin Abbasiyawa, harshensu ya sha har ya zama nasa. Jimlarsa a dunƙule take, ma'ana a cikin ma'ana, sai ka tsaya ka koma baya. In ta fito, babu mai kamo shi a zamaninsa. In ta ƙi, ko shi ina zaton sai ya sake dubawa. Shi ya sa nake ganin gardamar da aka yi wa laƙabi da ta tsoho da sabo, ban da aƙida da siyasa, har da bambancin mutumin da ya koyi harshe ta kunne kaɗai da wanda ya koye shi ta ido kaɗai.

Littafin 1926 laccoci ne da Ɗaha ya yi wa ɗalibansa. Ya ce zai bi hanyar Descartes, ya ajiye duk abin da aka gada ya fara da shakka. Abin da ya fito da shi shi ne mafi yawan waƙoƙin da ake jingina wa Imru'ul Ƙaisi da Ɗarafa da sauransu ba nasu ba ne, bayan zuwan Musulunci aka ƙirƙire su. Ƙabilu sun ƙirƙira don alfahari, masu ba da ƙissa don ƙawata labari, malaman nahawu don samun hujja, maruwaita irin su Hammad da Khalaful Ahmar don neman abinci. Ya kafa hujja da harshe: in Larabawan kudu da na arewa harsunansu sun bambanta, ƙabilu kuma kowace da karinta, yaya aka yi waƙoƙin duka suka zo da harshe ɗaya? Wanda ya yi karatun Shu'ara a zaure a Kano ko Zariya ko Sakkwato ya san nauyin wannan magana, domin baitocin nan ne ake kawowa shaida wajen fassara kalmomin Alƙur'ani. Da a nan ya tsaya da faɗan ya zauna tsakanin malamai. Sai ya ƙara wasu 'yan layuka inda ya ce ambaton Annabi Ibrahim da Annabi Isma'il, amincin Allah ya tabbata a gare su, a cikin Attaura da Alƙur'ani bai wadatar a matsayin hujjar tarihi ba. A nan ya ɗebo ruwan dafa kansa.

Martani ya zo ta ko'ina. Muhammad Khidir Husaini, wanda ya zama Shehun Azhar daga baya, ya bi littafin sakin layi bayan sakin layi yana warwarewa. Muhammad Farid Wajdi da Muhammad Luɗfi Jum'a kowanne ya fitar da nasa littafin. Amma na Rafi'i ne ya fi ƙuna. Ya yi ta sako maƙaloli daga Tanta, ya tara su a littafin Tahta Rayatil Ƙur'an, ya yi wa Ɗaha wankin babban bargo, da hujja da ba'a da zagi tsagwaronsa, ya kuma nemi jami'a da hukuma su ɗauki mataki. A cikin ajin Ɗaha kansa akwai wani ɗalibi, Mahmud Shakir, na hannun daman Rafi'i, wanda ya tsaya kai da fata cewa malamin nasu ya kwaso ra'ayin ne daga maƙalar da Baturen Ingila Margoliouth ya buga a 1925. Yaron ya bar jami'ar bai gama ba.

Ɗaha ya rubuta wa shugaban jami'a cewa shi Musulmi ne mai imani da Allah da manzanninsa da littattafansa, bai yi nufin taɓa addini ba. A watan Satumba maganar ta kai majalisa, aka nemi a kore shi, har Firayim Minista Adli Yakan ya nuna cewa gwamnatinsa za ta iya faɗuwa a kan batun. Aka miƙa wa mai gabatar da ƙara na Alƙahira, Muhammad Nur. Abin da mutumin nan ya yi ya cancanci a tuna da shi. Ya karanta littafin, ya zauna da Ɗaha yana yi masa tambayoyi irin na malami da malami, sannan a ƙarshen Maris na 1927 ya fitar da dogon rahoto yana nuna masa inda ya yi kuskure da inda ya gina hukunci a kan zato. Daga nan ya ce duk da haka bai ga niyyar aikata laifi ba, ya rufe fayil. A shekarar Ɗaha ya cire layukan da suka ta da ƙura, ya ƙara wasu babuka, ya sake fitar da littafin da sunan Fil Adabil Jahili.

Wa ya yi gaskiya? A kan asalin maganar, Rafi'i da mutanensa sun fi kusa. Binciken da ya biyo baya, musamman littafin Nasiruddin Asad na 1956 a kan tushen waƙoƙin Jahiliyya, ya nuna cewa akwai na jabu amma jigon waƙoƙin tsoho ne, kuma mawaƙan suna da harshen waƙa guda da ya haɗa ƙabilu. Batun jabun ma ba Ɗaha ya gano shi ba. Ibn Sallam ya yi maganarsa tun ƙarni na uku na Hijira, Rafi'i da kansa ya yi dogon bayani a kai a 1911. Ɗaha ya ɗauki shakka mai iyaka ya mai da ita ta game komai, wannan ganganci ne. Sai dai kiran da Rafi'i ya yi na a sa hukuma ta raba gardamar ilimi bai yi masa kyau ba, zagin kuma ya rage wa littafinsa daraja. Sannan waɗanda suka kayar da ra'ayin Ɗaha da hujja, da makaminsa suka yi: bin diddigin ruwaya, auna maruwaici, tambayar rubutu daga ina. Bayan 1926 babu wanda ya sake koyar da waƙar Jahiliyya a jami'a ba tare da ya fara amsa tambayarsa ba.

A cikin wannan ƙuncin ne, yana hutu a Faransa, ya yi shiftar labarin ƙuruciyarsa. Mujallar Hilal ta riƙa buga shi kashi-kashi daga 1926, ya fito a littafi a 1929 da sunan Al'ayyam. Bai ce ni ba a cikinsa, yaron yake cewa, kamar labarin wani yake bayarwa, sai a babin ƙarshe ya juya yana magana da 'yarsa mai shekara tara. An fassara shi zuwa harsuna da yawa, kuma har yau da wuya ɗalibin Larabci ya gama jami'a bai ci karo da shi ba.

Rafi'i ma mafi kyawun aikinsa a bayan rikicin ya zo. Zayyat, abokin Ɗaha na Azhar, ya kafa mujallar Risala a 1933, ya jawo Rafi'i yana rubuta mata maƙala duk mako daga 1934. Rubuta wa jama'a ya sassauta masa harshe, ya sauko inda ake jin sa. Waɗannan maƙalolin ne aka tara a Wahyul Ƙalam. Ya rasu farat ɗaya da safiyar 10 ga Mayu 1937, yana da shekara 57, har lokacin akawu ne a kotun Tanta.

Ɗaha ya ƙara shekara 36 a bayansa, kuma bai daina shiga rigima ba. A 1932, yana shugaban Tsangayar Adabi, ya ƙi amincewa a ba wasu 'yan siyasa digirin girmamawa, gwamnatin Isma'il Sidƙi ta ɗauke shi daga jami'a. Ɗalibai suka ƙaurace wa aji, Luɗfi Sayyid ya ajiye shugabancin jami'ar ranar 9 ga Maris, ranar da malaman jami'o'in Masar suka riƙe a matsayin ta 'yancin jami'a. Ya dawo bayan faɗuwar Sidƙi, ya jagoranci kafa Jami'ar Iskandariyya a 1942. A Janairun 1950 Firayim Minista Mustafa Nahhas ya ba shi ministan ilimi, ya karɓa da nufin abu ɗaya, ya kuma yi shi: ya soke kuɗin makarantar sakandare da ta koyon sana'a, yana cewa ilimi haƙƙin kowa ne kamar ruwa da iska. An zarge shi da cika azuzuwa fiye da yawan malamai, kuma zargin ba ƙarya ba ne. Shi dai ya zaɓi a cika aji a kan a bar 'ya'yan manoma a hannun wanzamai. Gwamnatin ta faɗi a Janairun 1952. Daga 1963 ya shugabanci Majalisar Harshen Larabci ta Alƙahira, ya rasu ranar 28 ga Oktoba 1973, a shekarar da Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa shi cikin waɗanda ta ba lambar kare haƙƙin ɗan Adam. Gidansa na Giza, Ramatan, gidan tarihi ne yanzu.

Mahmud Shakir kuwa bai ajiye faɗansa da Ɗaha ba. Da Ɗaha ya fitar da littafi a kan Mutanabbi, jim kaɗan bayan shi ya buga nasa binciken a mujallar Muƙtaɗaf a 1936, sai ya sake tuhumarsa da ɗaukar masa aiki. A 1977 ya sake buga nasa binciken a littafi da doguwar gabatarwa da ya warware labarin ajin 1926 tun daga farko, kuma a kan wannan littafin aka ba shi lambar Sarki Faisal ta adabin Larabci a 1984.